Awon Ɗakin Inna Marka

Malam Jibirin ya ja layin ƙarshe na akwatin da yake zanawa a allo, ya kaɗe alli daga yatsunsa, ya juyo. Fiye da rabin bencunan aji huɗu babu kowa. Tun da safe ya lura da haka, amma ya ba kansa haƙuri cewa latti ne, yara za su shigo ɗai-ɗai kamar kullum. Ga shi hantsi ya ɗaga, ƙofa shiru.

"Ina sauran?" ya tambaya.

Waɗanda suka zo ɗin ma kowa ya zuba wa gwiwarsa ido.

"To, ku da kunka zo, wa ya auno ɗakinsu?"

Jiya ne ya fara koya musu awon ciki, wato yadda ake sanin abin da akwati ko ɗaki zai iya ɗauka. Ya zo da sabon kwalin sukari daga Talata Mafara, ya buɗe, ya nuna musu ƙwayoyin a jere: ka ƙirga na tsawo, ka ƙirga na faɗi, ka duba hawa nawa ne, ka ninka, shi ke nan ka san abin da ke ciki ba sai ka zazzage ba. Yara sun ji daɗin abin, har da masu haɗiyar miyau. Da za a tashi ya yanka wa kowa igiyar rama mai tsawon mita ɗaya, ya ce a je gida a auno ɗakin kwana, tsawo da faɗi da bisa. Ya koma masaukinsa yana ganin tun da aka turo shi Tungar Nasidi bai taɓa yin darasi mai kyan wannan ba.

Ya dubi Hindu 'yar Tukur, wadda ta fi kowa kan lissafi a ajin, wadda kullum hannunta ke riga tambaya tashi. Idanunta sun kumbura. Babu igiya a hannunta.

Kafin ya yi mata magana, hedimasta Malam Zubairu ya leƙo ta taga ya yafuto shi. Suka zagaya bayan aji, gindin darbejiya. Hedimasta bai tsaya gaisuwa ba, abin da Jibirin bai taɓa gani ya yi ba.

"Malam Jibirin, kai ka aika yara su auna ɗakunan mutane?"

"Lissafi ne, ranka ya daɗe. Yana cikin littafi."

"Wanda ya rubuta littafin ba a gindin madatsa yake kwana ba." Ya waiwaya, ya rage murya. "Kakar Hindu, Inna Marka, ta shiga ɗakinta jiya da la'asar ta iske yarinyar bisa turmi tana auna bango. Nan take ta faɗi, sai da anka yayyafa mata ruwa. Kafin isha'i gari duk ya ɗauka cewa kamfanin dam ya ba ka aikin auna gidaje a ɓoye. Yanzu haka mutane suna ƙofar Maigari, kuma sunanka ake kira."

Jibirin ya san Inna Marka. Garinta na asali yana can gaba da Maradun, yanzu ruwan madatsar Bakolori ne a kansa. Ta zo nan wurin ɗanta Tukur da tukwane biyu da akuya. Kuma ya san abin da kowa ya sani, cewa yanzu an gangaro wajen Bakura da aikin magudanan ruwa, kuma duk inda aka ga mutane da zaren awo da sanduna masu ja da fari, katafila ce ke biye. Manoma sun gaji, sun fara tare hanyoyi da kututture da ƙaya. Ranar Talatar da ta wuce ya ga motocin 'yan sandan kwantar da tarzoma a jere kusa da kasuwar Mafara. Duk wannan ya sani. Bai dai taɓa haɗa shi da 'yar igiyar rama ba.

"Ranka ya daɗe, ko ka raka ni mu yi musu bayani?"

"Ni ina da taro a ofishin ilimi a Mafara," in ji hedimasta, yana duban takalminsa. Ba a taɓa jin zancen taron nan ba sai yanzu. "Shawarar da zan ba ka, ka yi ta ba da haƙuri, kar ka yi gardama. Kuma kar ka yarda a saka ka cikin maganar gonaki. An faɗa mana, duk malamin da anka gani cikin sha'anin manoman nan, aikinsa ya ƙare, in ma ya tsira da wannan kaɗai."

Ya tayar da babur ɗinsa ya bi ta bayan gari.

Da Jibirin ya koma aji ya tarar yaran sun sulale. Ya tsaya shi kaɗai tsakanin bencuna. Kekensa na jingine a bango. In ya taka da ƙarfi zai iya kai bakin titi kafin azahar. Amma hanyar titi ta cikin fadama ta bi, inda manoma suka yi shinge, kuma labari ya fi keke sauri. Yana cikin wannan lissafi ya ji takun mutane a waje. Ya ɗauki kwalin sukarin daga kan tebur ya cusa a aljihu, shi kansa bai san dalili ba.

Tukur ne, uban Hindu, da wasu maza biyu. Ɗayansu yana riƙe da ƙotar fartanya.

"Salamu alaikum," in ji Jibirin, duk da shi aka iske. "Barka da hantsi, Malam Tukur. Ina gajiya? Yaya jikin Inna?"

"Maigari na kira."

Suka sa shi a tsakiya. Ɗaya daga cikin mazan ya kama kekensa yana turawa a baya. Garin da yake ratsawa kullum yana amsa gaisuwa ta kowace ƙofa, yau babu mai ce masa sannu. Mai ƙosan da yake saye wurinta ta juya masa baya tana gyara itace. A bakin wani zaure ya ga igiyoyinsa an tara an cinna musu wuta, suna hayaƙi. Ya yi ta karanta duk addu'ar da ta zo bakinsa, yana farawa yana mantawa a tsakiya.

A ƙofar Maigari mutane sun cika inuwar durumi har sun fita rana. Da aka gan shi hayaniya ta ɗauke. Maigari Ayuba, tsoho mai ido ɗaya, yana zaune kan buzu, liman a damansa. Jibirin ya tuɓe takalmi ya durƙusa.

"Ranka ya daɗe, ina kwana? An tashi lafiya? Ina gajiya? Yaya iyali? Yaya jama'a?"

Maigari ya amsa kowace ɗaya, a hankali, bai tsallake ko guda ba. Shi kaɗai ya amsa. Sannan ya ce, "Malam, shekara guda kana cikinmu, muna ba ka tuwo, muna ba ka ɗiyanmu. Jiya an ga abin da ba a gane ba. Marka, ke kinka gani, faɗi."

Aka buɗa hanya. Tsohuwar tana zaune a bakin zaure, ta lulluɓa da baƙin zane, Hindu a raɓe a bayanta. Ba ta ɗaga murya ba, amma kowa ya ji.

"Su ukku sunka zo mana. Da fara'arsu. Ɗaya ya kama zare nan, ɗaya can, ɗaya yana rubutu. Sunka auna tsawon ɗakina, sunka auna faɗinsa, ɗaya ya taka turmina ya auna bisansa. Har ruwa na ba su. Ɗakin da na haifi 'ya'yana duka. Damina ba ta zagayo ba kifi ke kwana cikinsa." Ta juyo da fuskarta wajen Jibirin. "Jiya na ga jikata bisa turmi. Tsawo, faɗi, bisa. Ka faɗa mini, ɗan nan, awon naka da nasu ba ɗaya ba ne?"

Jibirin ya buɗe baki zai ce a'a. Ya dubi tsohuwar, ya ji ba zai iya ba.

"Ɗaya ne, Inna," ya ce. "Lissafin ɗaya ne. Amma wallahi ba wanda ya aiko ni."

Gunaguni ya tashi kamar an taɓa gidan rina. Wani daga baya ya ce ai ga shi ya amsa da bakinsa. Tukur ya matso har inuwarsa ta rufe Jibirin.

"Ka faɗa musu inda wanka Mamuda yake aiki."

"Tifa yake tuƙa wa kamfanin."

"Kun ji."

Wani ɓangaren hoge ya taso daga cikin taro ya same shi a kafaɗa, ya tarwatse, ƙasa ta cika masa wuyan riga. Bai juya ba. Ya san in ya juya, ko ya miƙe, na biyu dutse ne. Ya tuna mahaifiyarsa a Mafara, wadda ta ce masa aikin malanta ya fi, ba ruwansa da kowa.

Maigari ya ɗaga sandarsa. "Ba a ƙofata ba," ya ce. "Malam, ka ce karatu ne. Karatun mi?"

Jibirin ya laluba aljihu, ya fito da kwalin sukarin. Ya fara bayani, maganar tana harɗewa, yana maimaita abu ɗaya. Maigari ya dakatar da shi.

"Kai bakinka zai faɗi komi yau don ya ceci kanka. In karatu ne, yarinya ta iya. Hindu, zo nan."

Hindu ta dubi ubanta. Bai hana ba. Ta fito tana jan ƙafa, ta durƙusa gaban buzu. Aka buɗe kwalin a gabanta. Ta sa ɗan yatsa ta bi gefe ɗaya, ta bi ɗayan, ta zaro ƙwayoyin kusurwa ta ga hawa nawa ne, ta mayar.

"Shida nan, biyar nan, talatin ke nan," ta ce da 'yar murya. "Hawa ukku. Da cike yake, casa'in ne. Amma ga gurbin biyu."

"Malam ya sha koko da safe," in ji Maigari.

Wata mace ta yi dariya daga cikin zaure, ta haɗiye ta da sauri. Maigari ya juye kwalin kan faifai, ya fara ƙirga da kansa, yana ture ƙwayoyin gefe ɗaya bayan ɗaya, liman yana tayawa. Mutane suka matso suna leƙe ta kafaɗun juna.

Bai kai rabi ba aka ji rurin inji daga wajen titi.

Ba katafila ba ce, kowa a nan ya san kukanta. Wannan babbar mota ce, kuma garin take nufowa. Mata suka fara jan yara cikin gidaje. Maza suka dubi juna, wasu suka duƙa suna laluben duwatsu.

"Ina hedimasta?" in ji wani.

"Ya hau babur tun ɗazu. Mafara ya nufa."

"Shi ya tafi kiran 'yan sanda."

Tukur ya damƙi wuyan rigar Jibirin ta baya, ya murɗa har ta shaƙe shi. Bai yi ihu ba, a kunne ya faɗa masa: "In su ne, malam, kafin su sauko daga mota kai ka riga mu lahira."

Idon Jibirin na kan lungun da hanya ta ɓullo tsakanin dangogi biyu. Ya ji fitsari na neman ƙwace masa, ya matse cinyoyinsa. Ya ga Hindu har yanzu tana durƙushe gaban faifan, babu wanda ya tuna ya janye ta. Rurin ya ƙaru, ƙasa tana rawa a ƙarƙashin gwiwoyinsa, ya yi kalmar shahada a zuci, ya sake yi.

Goshin motar ya ɓullo. Tsohuwar motar kayan Alhaji Maiwada ce mai ɗaukar albasa, yaran mota a zaune bisa buhuna suna ɗaga wa mutane hannu. Shingen manoma ne ya sa direban ya ratso ta gari. Ta wuce tana tangaɗi, ta bar warin baƙin mai.

Duwatsu suka riƙa faɗuwa daga hannuwa ɗai-ɗai. Tukur ya saki rigar. Jibirin ya dafa ƙasa da hannu biyu yana tari.

"Na mance inda na tsaya," in ji Maigari. Ya tattaro ƙwayoyin wuri ɗaya ya faro daga farko. Wannan karon har ya gama babu wanda ya motsa. "Tamanin da takwas." Ya dubi liman, liman ya gyaɗa kai.

Jibirin ya ji ransa ya fara dawowa. Sai muryar Inna Marka ta sake fitowa daga bakin zaure.

"To, sai mi? Su ma awon nasu daidai ne. Ba su kuskure ko taƙi ba."

"Gaskiyarki," in ji Maigari. Ya jefa ƙwaya ɗaya a baki yana tsotsa, yana duban Jibirin da idonsa guda. "Wanga bai nuna ba a aiko ka ba, malam. Abin da ya nuna, ka san abin da masu awon kamfani sunka sani, har ka iya zuba shi a kan yarinya." Ya gyara zama. "Ka ji abin da ya samu 'yan'uwanmu na gabas. Katafila ta shiga gonakinsu ta baje komi, kunya da iyaka da itatuwa. Da anka ce kowa ya zo ya karɓi tasa, babu wanda ya gane inda tasa take. Mai babba ya koma da ƙarama, wani ya koma hannu wofi, kuma ba shi da abin nunawa. An ce bayan Jumma'a za su shigo fadamarmu. Gobe da safe ka fito da igiyarka. Za mu bi ka gona gona, mai ita da maƙwabcinsa su tsaya, ka auna, kowa ya san tasa."

"Ranka ya daɗe," in ji Jibirin, "ni awon akwati na iya. Awon ciki nake koyarwa."

"Gona ba ta da bisa," in ji Tukur. "Ka ga ta fi sauƙi."

"Kuma ni ma'aikacin gwamnati ne. In anka gan ni cikin fadama da igiya..."

"Za a gan ka," in ji Maigari. "Ba zan yi maka ƙarya ba. Ban kuma ce dole ba. Amma mutanen nan suna son su san ko na wa ne kai, ni kuma ba ni da wata amsar da zan ba su."

Ya miƙa wa Hindu faifan ya ce ta raba wa yara. Ladan ya kira azahar, taro ya watse zuwa masallaci. Jibirin ya bi sahu a can baya, gefen da babu kowa. Da aka idar ya nemi kekensa, aka ce masa Tukur ya shigar da shi gida, wai kada rana ta fasa taya.

Ya koma masaukinsa, ɗan ɗaki a zauren wani tsohon masaƙi, ya zauna a bakin gado. Kafaɗarsa tana zugi. Ya zazzage ƙasar da ke cikin rigarsa. Babu wanda ke gadin ƙofarsa, ya leƙa ya tabbatar. Ta bayan gari akwai 'yar hanyar makiyaya da ke ɓullewa titi ba tare da ta bi fadama ba. Mai ƙafa zai kai kafin motar yamma ta wuce zuwa Mafara. Ya kwana gidan mahaifiyarsa, gobe ya je ofishin ilimi ya roƙi a sauya masa gari. Babu wanda zai ga laifinsa. In kuwa ya shiga fadama gobe, sunansa zai riga shi isa Mafara, kuma ba shi kaɗai zai taɓa ba, har da tifar Mamuda da ke ciyar da gidansu. Ya tuna motocin da ya gani a jere kusa da kasuwa, da mutanen da ke zaune a bayansu, bindigogi tsakanin gwiwoyi.

Ya naɗe riguna biyu ya sa a jaka. Ya zauna da jakar a cinya har aka kira la'asar.

Yana nan zaune aka yi sallama. Inna Marka ce, tana dogara sanda, Hindu na riƙe da ƙwaryar fura. Ya zabura ya durƙusa. Ta amsa gaisuwarsa duka, har ta tambayi mutanen Mafara. Ta ga jakar, ta kawar da kai.

"Ba don na yarda da kai na zo ba," ta ce. "An ce tun safe ba ka ci komi ba, kuma a kan maganata ne." Ta juya za ta tafi, sai ta tsaya. "Mu da sunka auna, babu ko ɗaya a cikinmu da ya san abin da zaren ya ce. Sai abin da sunka faɗa mana."

Bayan sun tafi ya sha furar. Ya ajiye ƙwaryar. Ya leƙa cikin gida ya yi sallama da matar masaƙi, ya ce ta ara masa igiyar guga, wadda ta fi tsawo. Ta miƙo masa ta bayan zana ba tare da ta tambayi dalili ba.

Ya zauna a bakin zaure inda duk mai wucewa zai gan shi, ya ɗora rularsa ta katako a ƙasa, ya fara auna igiyar yana ƙulla ƙulli a kan kowace mita. Na farko ya kwance masa sau biyu. Can daga nesa, wajen titi, ya ji motar yamma tana hon, tana kiran fasinjan Mafara. Ya dakata, igiyar a hannunsa, har ƙarar ta yi nisa ta ɓace. Sannan ya sa haƙori ya ja ƙullin ya ɗaure tamau, ya matsa gaba.